Sanarwa: Zaman Asabar a kan Fil Marshal William Slim

Assalamu alaikum ƴan uwa, barkanmu da warhaka.

Asabar mai zuwa, ƙarfe 9 na dare bayan isha'i, za mu yi zamanmu na murya a nan rukuni. Batun shi ne Janar Slim na Birtaniya, wanda sojojin Afirka ta Yamma, ciki har da Hausawa da yawa, suka yi yaƙin Bama (ƙasar Myanmar ta yanzu) a ƙarƙashinsa, lokacin Yaƙin Duniya na Biyu.

An haife shi a Bristol a 1891, an ji masa rauni da harsashi a yaƙin Gallipoli da ke Turkiyya a 1915, daga baya ya koma rundunar Indiya. A 1942 shi ya janye sojoji daga Bama zuwa Indiya, Japanawa na bin sawunsu. A 1943 aka ba shi Runduna ta 14. Abin da ya fi dacewa mu tsaya a kai shi ne zazzaɓin cizon sauro, wanda ya kwantar da sojojinsa fiye da harsashi. Sai ya wajabta shan mepacrine, maganin rigakafin zazzaɓin, har ya sauke kwamandojin da suka yi sake. Ga kuma jefa abinci da albarusai ta jirgin sama, dabarar da ta riƙe sojoji a garuruwan Imphal da Kohima na arewa maso gabashin Indiya a 1944. Ya rasu a 1970.

Kowa ya rubuta "zan zo" kafin Juma'a. Mai tambaya ya turo guda ɗaya tak. Wanda kakansa ya je Bama, ya shirya bayanin minti uku. Don Allah a kashe makirfo sai an ba mutum dama.

Allah ya kai mu lafiya.
Masu kula da rukuni