Daga Delhi, a Kan Sarauniya Raziyya

Aminina Bazazzagi,

Assalamu alaikum. Ina gaisuwa da fatan kana lafiya. Ya jikin Hajiya? Wata huɗu ban rubuto ba, ka ajiye fushin sai na dawo.

Jiya na je wurin da ake cewa kabarin Sarauniya Raziyya ne, a tsohon birnin Delhi kusa da Ƙofar Turkman. Wani lungu ne matsattse, ba rufi, gidaje sun kewaye shi. Wallahi jikina ya yi sanyi. Matar da ta mulki Delhi daga 1236 zuwa 1240, 'yar Sultan Iltutmish!

Sati uku ke nan ina fama da Ɗabaƙati Nasiri, littafin da Minhaj Siraj Juzjani ya kammala da Farisanci a 1260. Mutumin nan ya san ta, a zamaninta aka ba shi shugabancin makarantar Nasiriyya. Ya yabe ta da adalci, da kyauta, da girmama malamai, da iya yaƙi. Yana gama yabon sai ya ce duk wannan me zai amfane ta, tunda ba namiji aka halicce ta ba. Wannan magana ta hana ni barci. Ko ra'ayinsa ne, ko tsoron fada, domin littafin ga ɗan'uwanta Sultan Nasiruddin Mahmud ya sadaukar da shi, kuma manyan Turkawan da suka tumɓuke ta irinsu ne ke riƙe da mulki. Ni dai na fi karkata ga tsoron.

Na san yanzu ka fara washe baki za ka kawo min Amina. Ku Zagezagi ba a gama zance ba ku sako ta ba!

 

Ibn Baɗuɗa, matafiyin nan na Maroko, shi ma ya ambaci Raziyya, ya ce tana hawan doki kamar maza, fuska a buɗe. Shi ne ya yi alƙalanci a Delhi zamanin Muhammad bin Tuglak, daga baya a 1353 ya biyo ta Takadda, can yankin Agadas, har ya ambaci Gobir. Da na karanta wannan sai da na miƙe tsaye a ɗakin karatu.

Ka aiko min da kilishi da yaji ta hannun mai zuwa. A gaishe da Hajiya da yara.

Naka,
Bakano