Barista ya ce mu garzaya kotu, to da wane kuɗin?

Assalamu alaikum Edita,

Shirinku na daren Talata ne ya tsaya min a rai, shi ya sa na ce bari dai in rubuto. Baristan nan da kuka gayyato ya yi ta nanata cewa duk wanda banki ke shirin ƙwace wa gida ya garzaya kotu ya karɓo oda a dakatar, wai doka na bayansa. Haba Barista! Ka faɗi rabi ka haɗiye rabi. Shi kuma mai gabatarwa sai "haka ne, haka ne" yake ta yi, ko tambaya ɗaya bai jefa masa ba.

Mu mun je kotun nan. Gidan Yayana ne a Kubwa, cikin gidajen gwamnati da aka sayar wa ma'aikata tun 2005 lokacin El-Rufai na ministan Abuja. Bashi ya ci a wani bankin gidaje ya saya, ana cira daga albashinsa shekara da shekaru ba wanda ya taɓa jin kansu, sai da ya yi ritaya kuɗin sallama suka maƙale ga ciwon suga ya kwantar da shi, biya ya tsaya, ruwa ya dinga hawa kan ruwa har bashin da ya kusa ƙarewa ya dawo sabo fil.

Lauyan da muka ɗauka bai ɓoye mana komai ba. Ya ce takardar jinginar da Yaya ya sa wa hannu ta ba banki ikon sayar da gidan ba sai ya je gaban alƙali ba, notis kawai zai bayar. Sannan ga wadda baƙonku ya tsallake: galibi kotu ba ta hana banki sayarwa sai ka fara ajiye kuɗin da ya ce yana bin ka a hannun kotun. To jama'a in da Yaya na da waɗannan kuɗin me zai kai shi kotu, ai bankin zai miƙa wa ya huta! Wannan oda ta masu hali ce, ku daina sa wa talaka rai.

Ana ta ɗage zama, yau lauyan banki bai zo ba gobe kotu na hutu, kowane zuwa da kuɗin motar lauya, su kuwa dillalai ba su ɗage komai ba. Da idona na ga wani ya shigo da mai saye har falo, Yaya na kwance kan tabarma, suna ƙwanƙwasa bango suna tambayar matarsa ko rufin na yoyo. Ranar Anti ta fara ɗaure kaya a buhunan bakko tana kuka, yara na kallo. Wallahi ban taɓa jin ƙasƙanci irin na ranar ba.

Abin da ya ɗan sassauta mana zaman sulhu ne, aka zauna da bankin aka yafe wani ɓangare na ruwan aka sake tsara biya, dangi muka yi karo-karo. Akwai sashen sulhu a ƙarƙashin babbar kotun Abuja, akwai hukumar Legal Aid mai ba marasa ƙarfi lauya kyauta, amma Barista ko ambatonsu bai yi ba, ƙila don babu kuɗin lauya a ciki. Kuma ya haɗa kowa a kwando ɗaya, alhali mai bashin asusun gidaje na gwamnatin tarayya, wato NHF, da ke biyan ruwa 6 cikin 100 ba ɗaya yake da wanda banki ke caza sama da 20 cikin 100 ba. Dan Allah ku dawo da maganar, wannan karon ku kawo wanda aka taɓa liƙa wa notis a ƙofa ya zauna kusa da lauyan.

Sai batun layin wayarku. Kullum ku ce a bugo, a bugo, mutum ya yi ta kira ba ya shiga, in ya shiga kati ya ƙare yana jira, amma mutum uku zuwa huɗu ɗin nan da muka haddace muryoyinsu kullum sai sun samu. Ga tallan maganin basir da kuke yanke magana a tsakiya ku saka da ƙara kamar zai fasa rediyo. A gyara dan Allah.

Naku mai sauraro,
daga Kubwa, Abuja