Matan tsofaffin fina-finan Japan ba haƙuri kaɗai suke nunawa ba

Ya Edita,

Assalamu alaikum. Muna roƙon fili a jaridarka mai farin jini mu yi tsokaci kan fina-finan Japan marasa murya, domin masu kallonsu a intanet da dama na ɗauka yabon haƙurin mace ake yi a ciki.

A fim ɗin Taki no Shiraito na darakta Mizoguchi Kenji, wanda ya fito a 1933, Irie Takako ta fito a matsayin mai wasan dabo da ruwa. Ta kamu da son wani saurayi mai tuƙa keken doki, ta ɗauki nauyin karatunsa na shari'a a Tokyo. Sanyi ya shigo, kasuwar wasan ruwa ta mutu, bashi ya kai ta hannun wani azzalumin mai kuɗi, ta kashe shi. Ranar shari'a, saurayin nan da ya ci guminta shi ne mai gabatar da ƙara. Ita da kanta ta ce ya yi aikinsa. A wannan shekarar dai, darakta Ozu Yasujiro ya nuna a wani fim nasa wata yayar ɗalibi mai buga tafireta da rana, da dare tana aikin mashaya a ɓoye don kuɗin makarantarsa.

Doka ce ta ɗaure su. Dokar iyali ta 1898 ta hana macen da ba ta kai shekara 25 ba yin aure sai da yardar iyaye, ta kuma ba miji ikon juya dukiyar matarsa. Jami'o'i kusan duk a rufe suke ga mata, shi ya sa ƙane ke aji, yaya na biya. Zaɓe ma sai a 1946 suka fara jefa ƙuri'a. Wannan ne ke ci mana rai idan aka ce wai son ransu ne.

Mai son kallo ya nemi kwafin da ke da muryar benshi, mai bayanin da ke gefen allo yana yin muryar kowa, irin su Sawato Midori. Ya kuma duba saurin hoton: an ɗauki da yawa a ƙasa da hoto 24 a daƙiƙa, idan aka haska su a 24 sai tafiyar mace mai baƙin ciki ta koma gaggawa. Galibin fina-finan zamanin sun salwanta a girgizar ƙasar 1923, da gobarar fim mai saurin kamawa, da ruwan bama-baman yaƙi.

Naku,
Wasu masu nazarin tsofaffin fina-finai