Rahoton ayyukan ƙungiyarmu na shekarar 2024

Assalamu alaikum warahmatullahi wabarakatuh. Iyayenmu malamai, iyayenmu mata, 'yan uwa lauyoyi, ɗaliban shari'a da sauran mambobi baki ɗaya, barkanmu da ganin ƙarshen wannan shekara lafiya. Kamar yadda tsarin ƙungiya ya tanada, ga bayanin abinda aka gudanar a 2024 daga ofishin sakatare. Lissafin kuɗi ba ya cikin nan, wannan na ma'aji ne kuma shi zai karanto shi da bakinsa a babban taro, ni dai nawa ayyuka ne da abinda muka gani a cikinsu.

Zan fara da zaman sulhu na ranar Asabar don shi ya ci mafi yawan lokacinmu, kuma gaskiya shi ne ƙashin bayan ƙungiyar nan. In ka cire watan azumi da satittikan zanga-zangar watan Agusta da aka sa dokar hana fita a Kano, ba mu fasa zama ba. Abinda ya fi zuwa mana kuwa gado ne, sai ciyarwa da riƙon yara bayan saki, sai bashi tsakanin 'yan kasuwa.

Maganar gadon nan wallahi tana da ciwo. Mutum ya rasu shekara da shekaru ba a raba komai ba, babban wa ya zauna a gida yana karɓar kuɗin hayar shaguna, gona tana hannun baffa, ƙannai mata an aurar da su kowacce tana gidan mijinta tana fama, in ɗaya ta buɗe baki sai a ce ta cika son abin duniya ko mijinta ne yake zuga ta, to da yawa sai su haɗiye su ce sun bar wa Allah. Alhali rabon nan ba wani malami ne ya ƙirƙiro shi ba, yana nan a Suratun Nisa'i aya ta 11 da ta 12 da ta 176, Allah da kansa ya yanka wa kowa nasa. Shi ya sa duk zaman da za mu yi sai mun fara da jero tsarin a gaban kowa: a fidda kuɗin likkafani da binnewa, a biya bashi, a zartar da wasiyya in akwai kuma ba ta wuce sulusin dukiya, babu wasiyya ga wanda dama zai ci gado, sannan a raba abinda ya saura. Matar mamaci tana da tumuni in akwai 'ya'ya, rubu'i in babu, in mata huɗu ne wannan kason ɗaya shi za su raba tsakaninsu. Iyayen mamaci kowanne sudusi in ya bar 'ya'ya. Ɗa namiji rabon mata biyu. Abin mamaki mutane sun haddace wannan na ƙarshen sosai, amma sai su manta cewa rabin ma haƙƙi ne da dole sai ya shiga hannunta, kuma ba a cikin kwanuka da tsofaffin kujeru kawai ba, har cikin gida da gona da shago.

Wani abu da ya yi ta maimaituwa bana shi ne kuɗin banki da fansho da garatuti. Ma'aikaci ya rubuta sunan ɗansa ko ƙaninsa a fom a matsayin makusancinsa, yana rasuwa sai wancan ya ɗauka kuɗin nasa ne halak malak. Ba haka bane, ko a dokar ƙasa ma rubuta sunan ba ya mayar da mutum mai dukiyar, ana buƙatar takardar kotu ta kula da dukiyar mamaci kafin banki ya saki kuɗi, a shari'a kuwa amana ce a hannunsa har ta isa ga magada. Lauyoyinmu sun raka iyalai da dama wajen neman wannan takarda ba tare da karɓar ko sisi ba, Allah ya saka musu.

Sashen mata su ma sun yi rawar gani. Sun zagaya islamiyyun matan aure na unguwanni da darasi kan saki da idda da ciyarwa, kuma rahoton da suka kawo mana shi ne mata da yawa sun yi mamakin jin cewa matar da aka saka saki na kome a ɗakinta ya kamata ta yi idda, ci da sha a kan miji, ayar farko ta Suratuɗ Ɗalaƙ ta ce kada a fitar da su daga gidajensu. Mu kuwa a nan takarda tana fita da daddare ake haɗa mata kaya a sa ta a adaidaita sahu. Haka riƙon yara, a mazhabar Malikiyya da kotunanmu ke bi uwa ce ta fi cancanta, namiji har ya balaga, mace har ta yi aure ta tare, ciyarwa da tufafi da magani kuma a wuyan uba suke ko yaran suna ina. Akwai sharuɗɗan da ke sa riƙon ya koma hannun wata, kamar in uwar ta yi wani auren, kuma ko a nan ɗin kakar yara ta wajen uwa ce ke gaba. Mun ga maza da suka zo da zafi suka tafi da sanyin jiki bayan an buɗe musu littafi sun gani da idonsu, mun kuma ga waɗanda suka ƙi, waɗannan sai mu nuna wa matar hanyar kotu mu haɗa ta da lauya.

A nan ne muka gane akwai buƙatar bita ta musamman kan kotuna, muka yi ta bayan ƙaramar sallah. Dalili kuwa mutane na ɓata shekaru da kuɗi a kotun da ba ta da hurumi. An yi wa mahalarta bayanin matakala tun daga ƙaramar kotun shari'a, zuwa babbar kotun shari'a, zuwa Kotun Ɗaukaka Ƙara ta Shari'a ta jiha wadda sashe na 275 zuwa 279 na kundin tsarin mulkin 1999 ya yi magana a kanta. Sashe na 277 ya taƙaita huruminta ga abinda ya shafi aure da saki da riƙon yara da wakafi da kyauta da wasiyya da gado, daga can sai Kotun Ɗaukaka Ƙara ta tarayya sai Kotun Ƙoli. Rikicin fili zalla wanda ba na gado ba, Kotun Ƙoli ta riga ta yanke cewa ba huruminta bane, don haka wanda ya kai ɗaukaka ƙararsa can ko ya yi nasara ana iya rushe hukuncin a sama ya koma farko. Ɗaukaka ƙara kuma tana da wa'adi, ba a zama sai an gama girbi sannan a tuna. Wannan bita dai ta yi amfani sosai, dan Allah duk wanda ya samu kwafin takardar da aka raba ya yi hoton ta ya ba limamin unguwarsu da mai unguwa, don su ake fara kai wa ƙorafi.

A watan Oktoba muka yi zaman da ya fi kowanne zafi. Shekara 25 kenan cif da Ahmad Sani Yariman Bakura, gwamnan Zamfara na lokacin, ya ƙaddamar da shari'a a Gusau ranar 27 ga Oktoba 1999, ta fara aiki a Janairun 2000, wasu jihohi 11 na arewa suka bi sahu ciki har da Kano a 2000, daga baya a 2003 Kano ta yi dokar hukumar Hisba da ta zakka da hubusi. Ɗaya daga cikin iyayenmu ya tunatar da matasa cewa labarin bai faro daga nan ba, alƙalai na hukunci da fiƙihun Malikiyya a ƙasar nan tun kafin Turawa, dab da samun 'yancin kai a 1960 ne aka kawo dokar final kod ta maye gurbin ɓangaren laifuka, a 1978 kuma wakilai musulmi sun fice daga majalisar tsara kundin mulki kan batun kotun ɗaukaka ƙara ta shari'a ta tarayya. Wasu a zaman suka ce 'yan siyasa sun hau abin ne suka ci zaɓe suka watsar, wasu suka ce a'a ko ba komai an rufe gidajen giya da na caca a wurare da yawa kuma an samu hukumomin da talaka ke kai kuka. An taɓo shari'ar Safiya Hussaini a Sakkwato da ta Amina Lawal a Katsina, waɗanda aka yanke wa hukuncin jefewa amma kotunan shari'a na sama suka sallame su a 2002 da 2003, kuma lauyoyinmu suka ja hankali cewa da hujjojin fiƙihu aka sallame su, wato ilimin alƙali da bin ƙa'ida su ne kariyar talaka.

Ni nawa ra'ayin, kuma na faɗa a wajen, mutanen da suka yi dafifi a Gusau da filin idi na Kano a wancan lokacin adalci suka je nema, suna so a daina danne marar gata, a daina cin hanci, mai mulki ya ji tsoron Allah kan dukiyar jama'a. To in bayan shekara 25 marainiya ba ta iya karɓar gadon ubanta sai ta sayar da ɗan kunnenta ta yi ta zirga-zirga, wanda ya saci akuya yana tsare wata da watanni ba a gama shari'arsa ba, wanda ya kwashe kuɗin asibiti kuwa yana sahun gaba ana masa kirari, akwai sauran aiki babba, kuma ba na gwamnati kaɗai bane har da mu. Sashe na 10 na kundin mulki ya hana gwamnati ɗaukar wani addini a matsayin na hukuma, sashe na 38 ya ba kowa 'yancin yin addininsa, a tsakanin waɗannan biyun muke rayuwa da maƙwabtanmu kiristoci, kuma da sashe na 38 ɗin nan ne Kotun Ƙoli a 2022 ta tabbatar wa ɗalibai mata 'yancin sa hijabi a makarantun gwamnatin jihar Legas. Don haka sanin dokar ƙasa ga matashi musulmi wajibin zamani ne, mu daina kallon ta kamar kayan wasu.

Batun siyasa kuwa, kun san abinda ya faru a gurup ɗinmu na WhatsApp lokacin zanga-zangar tsadar rayuwa da ta fara 1 ga Agusta, inda wasu ke kare malaman da suka ce kada a fita wasu kuma na cewa malamai sun fi kusa da fadar gwamnati fiye da talaka, har kalamai suka fara yin kauri. Kwamitin zartarwa ya zauna ya sake jaddada matsayarmu: ƙungiya ba ta da jam'iyya, ba ta da ɗariƙa ko aƙida guda da take tallatawa, kowa da malaminsa da ɗan takararsa amma ya ajiye su a bakin ƙofa. Ba a hana sukar ra'ayin malami da hujja da ladabi ba, zagi ne aka hana. Kafin zaɓen ƙananan hukumomi na 26 ga Oktoba an samu masu neman kujera da suka aiko da tayin gudummawa, an mayar musu cikin mutunci, saboda ranar da muka karɓa ranar ce matar da mijinta ɗan wancan ɓangaren ne za ta daina yarda da sulhunmu.

Dokar gwajin lafiya kafin aure da gwamnan Kano ya sa wa hannu a bana ita ma mun yi mata zama da limamai masu ɗaura aure da ma'aikatan lafiya, musamman kan gwajin jini na sikila da ciwon hanta da ƙanjamau. An samu masu ɗari-ɗari da farko, amma da iyayen yara masu sikila suka yi bayanin irin daren da suke kwana a asibiti, ɗakin ya yi tsit. Kare rai da zuriya yana cikin manufofin shari'a, abinda muka roƙa kawai a sauƙaƙa kuɗin gwajin kuma a rufa wa mutane asirin sakamakonsu.

Zakka, mun yi tunatarwa a kasuwanni kafin azumi da kuma lokacin kaka. Nisabin kuɗi ana auna shi da zinare misƙali 20 a fidda kashi 2.5 cikin ɗari in shekara ta zagayo, amfanin gona kuwa ɗaya bisa goma in ruwan sama ne, ɗaya bisa ashirin in ban ruwa ne da inji ko wahala. Mu ba ma karɓar zakka, muna haɗa mai bayarwa ne da mabuƙaci, bana kuma mun fi karkata ga zawarawa masu marayu da waɗanda ƙaramin bashi ya kai gidan gyaran hali. A watan Satumba da madatsar Alau ta ɓalle ruwa ya shiga Maiduguri, mambobi sun haɗa tufafi da abinci an aika, Allah ya karɓa.

Inda muka tsaya cak shi ne fitar da ɗan littafin gado cikin Hausa da boko da ajami, an gama rubutu malamai biyu sun duba, kuɗin ɗab'i ne ya gagara saboda tsadar takarda. Haka ziyarar ƙauyuka ta ragu sosai saboda kuɗin mota, alhali can ne matsalar gona da gado ta fi yawa. Waɗannan biyun su za mu sa a gaba a 2025, tare da horar da matasa mata da za su iya zaman sulhu, don akwai maganar da mace ba za ta taɓa faɗa a gaban maza ba.

Masu bashin kuɗin wata-wata dan Allah a daure a biya kafin babban taro, da shi ake biyan hayar ofis da kuɗin motar masu raka mutane kotu. Za a sanar da ranar taron da wurin a gurup, kuma a nan za a cike gurbin mataimakin sakatare da na jami'ar walwala, duk mai sha'awa ya miƙa sunansa ga kwamitin zaɓe. Waɗanda muka rasa a cikin shekarar nan cikin mambobi da iyalansu, Allah ya jiƙansu ya sa sun huta, ya albarkaci bayansu.

Wassalamu alaikum.
Sakataren ƙungiya, a madadin kwamitin zartarwa.