Dutsen Dala da 'Yan'uwansa na Karkara

Zuwa ga Edita,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa da fatan alheri gare ka da sauran ma'aikatan wannan jarida, ina roƙon ka ba ni fili in yi magana a kan Dutsen Dala, wanda kowane Bakano yake ambatonsa a kirari amma kaɗan ne daga cikinmu suka san labarinsa yadda ya kamata. Ni tsohon malamin firamare ne a ƙasar Dawakin Kudu, kuma abin da ya sa na ɗauki alƙalami shi ne ziyarar da na kai jikokina birni bayan Sallar da ta wuce, muka hau dutsen tare.

Kafin mu tafi, babban cikinsu ya ce ya ji a rediyo cewa tsayin Dala mita 534 ne, don haka yana tsammanin sai mun yini muna hawa. Da muka isa, muka taka matakalar siminti guda 101 muka kai ƙololuwa kafin gumi ya gama jiƙa mana riguna, sai yaron ya dube ni kamar wanda aka yaudara. Sai da na zaunar da shi na bayyana masa cewa wancan adadi awo ne daga doron teku, kuma birnin Kano kansa yana zaune ne a kan tudun da ya kai kusan mita 480 daga teku, saboda haka abin da dutsen ya ɗaga sama da gidajen da ke gindinsa bai wuce 'yan gomiyoyin mita ba. Wannan kuskure ya yawaita a bakin masu watsa labarai, kuma ya kamata a gyara shi, domin idan tsayi ake nema, duwatsun Riruwai da ke ƙaramar hukumar Doguwa, waɗanda suka haura mita 1,000, sun shafe Dala nesa ba kusa ba.

Abin da ya ɗaukaka Dala yana cikin jikinsa. Duk wanda ya saba da duwatsun ƙasar Rano ko na Dutse ya san su manyan fararen duwatsu ne masu santsi da falale, amma Dala jar marmara ce, kuma a cikin irin wannan marmara ake samun tama. Masu binciken kayan tarihi na ƙarƙashin ƙasa sun gano alamun narkar da tama a gindinsa tun wajen ƙarni na 7, wato kusan shekara 400 kafin zuwan Bagauda, sarkin Kano na farko, a 999. Ga kuma ruwan Jakara a kusa, ga fadama, ga tudun da mutum zai tsaya ya hango maƙiyi tun yana nesa. Mutanen da suka sami ƙarfen fartanya da na mashi da ruwan sha a wuri guda ba su da dalilin ƙara gaba. Wannan ya yi daidai da abin da maƙeran Kano, Abagayawa, suke faɗa game da kakansu, wani maƙeri mai suna Kano da ya taso daga Gaya yana neman tama har ya yada zango a nan.

Sunan dutsen kuwa, bisa abin da tsohon kundin tarihin sarakunan Kano ya kawo, na mutum ne. An ce Dala wani ƙaƙƙarfan maharbi ne wanda yake kashe giwa da sanda ya ɗauko ta a ka ya yi tafiyar mil 9 da ita, ya zo ya gina gida a kan dutsen, ya haifi 'ya'ya 7, maza 4 da mata 3. Ba na tilasta wa kowa ya yarda da zancen giwar, domin haka magabata suke kambama gwarzayensu, amma zuriyar da aka lissafa tana da muhimmanci, don daga babban ɗansa Garageje aka gangaro har zuwa Barbushe, wanda ya zama mai kula da Tsumburbura, abin bautar mutanen wancan zamani. Shi Barbushe ba ya saukowa daga dutsen sai kwana biyu a shekara, a lokacin ne jama'a suke taruwa daga ko'ina da baƙaƙen karnuka da baƙaƙen kaji da baƙaƙen bunsuraye, ya shiga kewayen da aka yi wa itacen tsafin shi kaɗai, ya fito ya faɗa musu abin da zai faru a shekarar. Maƙwabcin Dala da muke kira Goron Dutse a yau, dattawa da yawa Gwauron Dutse suke cewa, wai saboda yana tsaye shi kaɗai, kuma na fi gamsuwa da wannan, don ban ga abin da ya haɗa shi da goro ba. Akwai kuma dala ta kuɗi da kakanninmu suka yi ciniki da ita, wadda sunanta baƙo ne, ba ta da wata alaƙa da dutsen. Dalar gyada ce dai nake ganin ta ari sunanta daga gare shi, domin duk Bakanon da ya ga an jera buhuna sun yi tsororuwa, Dala ce za ta fara zo masa a rai.

Yanzu ga inda nake so masu karatu na karkara su saurara. Wancan kundi bai ce Dala shi kaɗai yake ba. Ya ambaci manyan da suke ƙarƙashin Barbushe da wuraren zamansu, irin su Jandamisa a Magwan, da Hambaro a Tanagar, da Gumbarjado a Fanisau, kuma akasarin waɗannan wurare matsugunai ne na gindin duwatsu. Santolo, wadda take nan ƙasarmu ta Dawakin Kudu, ita ce ta fi kowa ba sarakunan Kano wahala, ta daɗe tana ƙin miƙa wuya, sai a zamanin Sarki Yaji, wanda ya yi mulki daga 1349 zuwa 1385, aka ci ta, bayan zuwan Wangarawa daga Mali waɗanda suka raka shi yaƙin da addu'a. Ke nan labarin yadda Musulunci ya kafu a fadar Kano ba ya cika sai an ambaci dutsen Santolo da yaranmu suke kiwon awaki a gefensa, amma na yi shekaru ina koyarwa ban taɓa ganin littafin aji da ya nuna wa ɗan ƙauye hakan ba.

Na san akwai waɗanda za su ce mene ne amfanin tono zancen tsafi bayan Allah ya shiryar da mu. Amsata ita ce sanin abin da ya faru daban, bauta masa daban. Sarki Tsamiya, wanda ya hau a 1307, ya rushe wurin tsafin tun kafin zamanin Yaji, kuma a yankin kurmin Jakara ne Sarki Muhammadu Rumfa ya kafa Kasuwar Kurmi a ƙarni na 15. Wanda bai san Barbushe ba, ba zai gane girman aikin da waɗannan sarakuna suka yi ba.

Abin da na gani a Dala bai faranta mini rai ba. Gidaje sun matse shi ta kowace kusurwa, zaizayar ruwan sama tana cin gefensa, ga shara da ƙazanta a wasu lunguna, kuma ban ga wanda zai yi wa baƙo bayani ba sai yaran unguwa, kowa da irin tasa ruwayar. Wannan fa wuri ne da aka sa shi, tare da ganuwar Kano da Kasuwar Kurmi da Gidan Rumfa, cikin jerin wuraren da Nijeriya ta gabatar wa hukumar UNESCO a 2007 da fatan su shiga sahun kayan tarihi na duniya. Idan haka na birni yake, ba sai an tambayi halin na ƙauye ba, inda mai fasa dutse yake iya sayen tsauni sukutum ya mayar da shi tsakuwa ba tare da wani ya tambayi ko akwai tsohuwar ganuwa ko kufai a kansa ba. Maƙwabtanmu na Birnin Kudu sun yi sa'a, zane-zanen da ke jikin Dutsen Habude da Dutsen Mesa sun shiga hannun hukuma tun da daɗewa, shi ya sa har yau ana zuwa kallonsu.

Roƙona ga hukumomin ilimi da na tarihi da masarautu shi ne a tura ma'aikata su bi dagatai da masu unguwanni, a rubuta sunan kowane dutse da abin da tsofaffi suka sani game da shi tun suna raye, a kuma hana ba da izinin fasa duk wanda aka samu kufai a jikinsa. Ku ma 'yan jarida, idan za ku sake kawo labarin Dala, ku daure ku turo wakili Santolo da Tanagar, tafiyar ba ta kai ta yini ba daga birni.

Wassalam.

Naka,
Tsohon malamin firamare,
Ƙaramar Hukumar Dawakin Kudu, Jihar Kano.