Anitta Ba Mawaƙiyar Reggaeton Ba Ce

Ya Edita,

Assalamu alaikum. Masu sharhin waƙa a shafukan nishaɗi sukan jefa Anitta, 'yar ƙasar Brazil, cikin sahun mawaƙan reggaeton (kiɗan rawa na ƙasashen Latin Amurka masu magana da Sifaniyanci), saboda waƙarta "Envolver" da ta hau matsayi na ɗaya a Spotify na duniya a Maris 2022. Muna ganin akwai gyara.

Tushenta funk ne, wato kiɗan rawa na unguwannin talakawan birnin Rio de Janeiro, inda aka haife ta a 1993. Kunne ma yana rarrabewa: funk na Rio yana gudu wajen bugu 130 a minti, wasu makaɗan har 150, bisa gangar da suke kira tamborzão, alhali reggaeton yakan tsaya ƙasa da 100. Duk mai haɗa kiɗa da ya gwama su ba tare da daidaita gudu ba, sai rawa ta watse masa.

Kundinta na farko, Anitta (2013), mai ɗauke da "Show das Poderosas", funk ne da aka tausasa domin gidajen rediyo. Ritmo Perfeito (2014) da Bang! (2015) suka ƙara karkata zuwa pop. A 2017 ta ajiye tsarin kundi, ta riƙa sakin waƙa ɗaya kowane wata daga Satumba zuwa Disamba, ta rufe da "Vai Malandra" wadda aka ɗauki bidiyonta a unguwar Vidigal da ke Rio.

Inda aka samu tangarɗa shi ne neman kasuwar waje. Kisses (2019) waƙoƙi 10 ne, kowacce da bidiyonta, cikin harsuna uku: Fotugis, Sifaniyanci da Turanci, da baƙi tun daga mawaƙin rap na Amurka Snoop Dogg har dattijon mawaƙin Brazil Caetano Veloso. Waƙoƙin ɗaiɗaikunsu ba laifi, amma kundin bai da alƙibla guda, don kowace waƙa wata kasuwa take hari. Versions of Me (2022) ma haka, har da ɗanɗanon rock a ciki. An jefi tsuntsu uku da dutse ɗaya, kuma waƙa guda ce, wato "Envolver", ta ɗauke nauyin sauran.

Bayan ta rabu da kamfanin waƙoƙi na Warner a 2023 ta koma Republic Records, sai ga Funk Generation a Afrilu 2024: gajerun waƙoƙi, ganga a gaba, murya a bayanta. Harsunan nan uku suna nan, sai dai wannan karon kiɗan ne ya ɗinke su. A ra'ayinmu, wanda zai yi sharhi a kanta ya fara sauraron wannan kundi kafin "Envolver".

Naku,
Wasu masu haɗa kiɗa, Kano