Buɗaɗɗiyar Wasiƙa Zuwa Ga Shugaba Tinubu: Ina Sunayen Mamatanmu?

Mai Girma Shugaban Ƙasa,

Assalamu alaikum. Ina gaisuwa, da fatan kana lafiya kai da iyali. Kirari kuwa na bar wa masu shi, suna da yawa a kusa da kai.

Ni Bakano ne, amma Legas ta cinye fiye da rabin rayuwata. Na sauka a Agege tun kafin ka hau kujerar gwamna a 1999, kuma har gobe albasa nake sayarwa a kasuwar Mile 12. Shekara takwas na yi ina biyan haraji a ƙarƙashinka, don haka ina ganin ina da bakin yi maka magana. Abin da ya sa na ɗauki biro shi ne wani littafi da ke cikin akwatin rumfata, irin na 'yan makaranta, bangonsa ya sha maiƙo har ya fara rabewa. Sunayen mutanen da aka kashe a Babban Masallacin Juma'a na Kano ne a ciki, ranar 28 ga Nuwamban 2014. Na farko a jerin ƙanina ne, uwa ɗaya uba ɗaya.

Ka san abin da ya faru, ba sai na ja ba. Masallaci ya cika, haraba ta cika, bama-bamai suka tashi bi da bi, waɗanda suka ruga neman tsira suka tarar da 'yan bindiga na jiransu. A jikin gidan Sarki, da rana tsaka. Mu a nan mun dawo daga tamu Juma'ar, ana sauke mana tirelar albasa daga Aliero, sai wayoyi suka ɗauki ƙara a layinmu kusan lokaci guda. Duk wanda ka duba ya dafe kunne ɗaya yana cewa "Ina? Wane masallacin?" Na kira ƙanina ya fi sau talatin, tana shiga ba a ɗauka. Bayan isha'i wani da ban sani ba ya ɗauka, ya tambaye ni me nake ga mai wayar. Da na faɗa masa sai ya ce in yi haƙuri.

Na bi motar dare. Kafin in isa an riga an kai shi makwanci. Abin da na tarar a ƙofar masallacin tarin takalma ne, silifa da sau-ciki da na yara ƙanana, an share su gefe guda. Na daɗe a tsugune ina juya su ko zan gane nasa.

To ranka ya daɗe, mutum nawa aka kashe a ranar? Da farko aka ce 35. Washegari aka ce 100. Masu aikin ceto suka ce 120. Sama da shekara goma ke nan, maganar tana nan a "sama da mutum ɗari", kamar ana kintacen buhunan da ke cikin mota. Mu 'yan albasa ma ba ma yarda da kintace. Kowane buhu da alamar mai shi a jiki, in ɗaya ya ɓace sai an tsayar da direba ya yi bayani. Yaya za a ce ƙasa guda ta rasa 'ya'yanta a sahun salla, kuma babu inda ɗan marigayi zai je ya buɗe takardar hukuma ya ga sunan ubansa?

Kada a ce mini aikin ne da wuya. Gwamnati ta iya ƙirga mu in ta so. An ɗauki hoton yatsunmu don katin zaɓe, an ɗauka don BVN, an sake ɗauka don NIN, wanda bai haɗa lambarsa da layinsa ba aka toshe masa waya. Layin ƙanina ma an daɗe da sayar wa wani. Wata rana kewa ta ishe ni na danna lambar, wata mata ta amsa mini da Yarbanci.

Abin da ya fi ci mini rai kuwa shi ne wannan. Tun 2016 ake da shirin karɓar tubabbun Boko Haram, da sansaninsu a Malam Sidi ta jihar Gombe. Kowannensu an rubuta sunansa da garinsu, an ɗauki hotonsa, an koya masa sana'a, an yi bikin yaye shi. Ban zo musu a kan tuba ba, Allah ma Yana karɓarta. Amma ka dubi yadda abin ya kasance: wanda ya ɗauki bindiga yana da fayil a ofis, wanda ya ɗauki darduma ya tafi masallaci ba shi da ko layi ɗaya. In da ƙanina ya san haka tsarin yake, wataƙila da ya san ɓangaren da ake shiga in ana so gwamnati ta san da zaman mutum. Allah Ya yafe mini wannan magana, zafin zuciya ne.

Na zaɓi in rubuto maka ne domin kai ka taɓa tsayawa a kan irin wannan gawa. Ranar Lahadi 27 ga Janairun 2002, da ma'ajiyar makamai ta barikin Ikeja ta kama da wuta, kai ne gwamna. Ina Agege a ranar, ƙasa na girgiza, gilasai na zubewa, muka ɗauka juyin mulki ne ko yaƙi. Jama'a suka yi ta gudu cikin duhu har suka afka magudanar ruwan Oke-Afa ta Isolo da ciyayi suka lulluɓe, mata da goyo, yara riƙe da hannun yayyensu. Fiye da mutum dubu suka tafi. Wancan hatsari ne, namu kuwa da gangan aka yi, amma kukan uwa iri ɗaya ne. Yau akwai wurin tunawa da su a bakin ruwan, kuma duk 27 ga Janairu iyalai na taruwa a can. Su ma suna da nasu ƙorafin na diyya, na sani, amma aƙalla suna da inda za su tsaya su nuna wa jikoki. Kai da ka ga amfanin wannan a Isolo, me ya hana ka gan shi a Kano?

Kuma ba Kano kaɗai ba. Masu ibada a cocin Madalla ranar Kirsimetin 2011. Mutum wajen 185 da aka kashe a Kano a yammacin 20 ga Janairun 2012. Fasinjojin tashar New Road a Sabon Gari, 18 ga Maris 2013, waɗanda suka shiga manyan motocin zuwa kudu, irin motocin da mu ma muke bi mu dawo Legas. Maƙwabcina a nan, Inyamuri mai sayar da kayan gyaran mota, ɗan ɗakinsu na ciki. Ma'aikatan da suka yi sammako a tashar Nyanya ranar 14 ga Afrilun 2014. 'Yan kasuwar Taminus a Jos wata guda bayan nan. Har zuwa Gwoza a ƙarshen Yunin 2024, kana kan mulki, inda aka tayar da bam a wurin biki, aka sake tayarwa a wurin jana'izar waɗanda na farkon ya kashe. Kowanne da "kimanin" ko "aƙalla" aka rufe shi. Mataimakinka ya yi gwamnan Borno shekara takwas, ya fi ni sanin wannan jeri.

Ɗana da ke karatu ya nuna mini hoton wani wuri a Oklahoma ta Amurka. A 1995 wani ɗan ƙasar, tsohon soja, ya ajiye mota cike da bam a gaban ginin gwamnati, mutum 168 suka mutu, 19 daga ciki yara. A filin da ginin yake a da sun jera kujeru 168, babu kowa a kai, kowace da sunan mai ita, na yaran ƙanana. Duk ranar 19 ga Afrilu sai an karanto sunayen ɗaya bayan ɗaya. Na ce da yaron, mu ba kujera muke so ba, amma ka ga su ba su ce "sama da ɗari da hamsin" ba.

Na san abin da wasu namu za su ce, don an sha faɗa mini. Ƙaddara ce, wanda ya cika a masallaci ranar Juma'a ai ya dace, a bar tone-tone. Na yarda da ƙaddara, da ban yarda ba da tuni na haukace. Kuma babu wanda ya nemi a gina gunki ko a ɗaga kabari, addininmu ya hana. Sai dai malaman da suka karantar da mu haƙuri su ne suka karantar da mu cewa shahidan Badar goma sha huɗu ne, na Uhudu saba'in, kuma sunayensu na nan a littattafan tarihi, da na iyayensu da ƙabilunsu, shekara dubu da ɗari huɗu ba su ɓace ba. Waɗanda suka rubuta su sun fi mu tawakkali.

Rashin sunan nan kuma yana da ciwo a tukunya. Ƙanina ya bar mata da 'ya'ya huɗu, ƙaramar tana goye. Ana cikin zaman makoki wasu mutane suka zo da fom, ba zan faɗi daga inda suke ba, suka karɓi hoton fasfo na kowane yaro, suka ce za a neme mu. Bayan shekara biyu wasu daban suka zo da wani fom ɗin, aka sake wanko hotuna. Wadda ke goye a lokacin yanzu ta isa shiga sakandare, kuma albasar Mile 12 ce ke biya mata kuɗin makaranta. Shekarar da kaya suka ruɓe a hanya, sai da yayanta ya bar aji ya kama turin baro. Ga shi tun Yulin 2014 aka ƙaddamar da asusun tallafa wa waɗanda ta'addanci ya shafa, attajirai suka yi alkawarin sama da naira biliyan 50 a dare guda. Ga dokar yaƙi da ta'addanci ta 2022, ita ma ta tanadi nata asusun. Kuɗi ko nawa ne, ta yaya zai gane ƙofar marayan da ba a rubuta ubansa ba?

Ranar da aka rantsar da kai, 29 ga Mayun 2023, ka ce tsaro ne zai zama kan gaba a mulkinka. Ka yi yaƙin neman zaɓe da sabunta fata. Fiye da rabin ƙuri'un da suka kai ka Abuja daga Arewa suka fito, sarautar Jagaba da magoya bayanka ke kiranka da ita ma kalmarmu ce. Jagaba shi ke gaba, amma yakan waiwaya ya ga ko ayari ya cika.

Don Allah, ranka ya daɗe, ka ba da umarni a buɗe rajista ta ƙasa: kowane hari, ranarsa, sunan wanda ya mutu, shekarunsa, unguwarsu, da waɗanda ya bari. Ba ya bukatar kwangila. Masu unguwanni sun san gidan da aka fitar da gawa, limamai da fastoci sun san wanda suka yi wa salla ko addu'a, masu haƙar kabari ma sun sani. A nan Legas sarakunan Hausawa na Agege da Idi-Araba da sauran unguwanni za su tara maka mutanen da abin ya shafa cikin mako guda. A buga ta a fili, kowa ya duba, wanda aka tsallake nasa ya kawo. Amma a hanzarta, masu riƙe da sunayen a ka suna ta tafiya. Mahaifiyarmu ta rasu, mai unguwarmu na lokacin ya rasu, dattijon da ya ba ni sunaye bakwai daga layinsu shi ma bara aka binne shi.

Akwai sauran maganganu. Masu yawo da ɓaraguzan ƙarfe a jiki har yau, da waɗanda kunnensu ya mutu. Shari'a, wadda muka ji an yi wa Kabiru Sokoto kan Madalla a 2013, muna son jin inda ta masallacinmu ta kwana. Da yadda ake sauke mu a shingayen hanya ana zazzage mana jaka don an ga hula da gemu, mu da aka kashe wa 'yan'uwa. Majalisar Ɗinkin Duniya ma ta ware 21 ga Agusta don tunawa da irinmu, labarin ranar dai bai taɓa isowa rumfunanmu ba. Waɗannan duk sa biyo baya in an san su wa ake magana a kai.

Mu dai duk Juma'ar ƙarshe ta Nuwamba muna haɗuwa a wani ƙaramin masallaci a Agege bayan la'asar, mu sauke Alƙur'ani, a raba ƙosai da kunu, sannan in buɗe littafin nan in karanto abin da ke ciki. Shafi uku ne kacal, abin da na iya tarawa daga bakin direbobi da 'yan kasuwa masu zuwa daga gida. Wasu sunan rana kawai na samu, wani kuma an ce mini "yaron mai shayin bakin asibiti", haka na rubuta shi. In ka turo wanda zai kwafa, ya shigo Mile 12 ya tambayi layin 'yan albasa, ina nan daga asuba har magariba.

Wassalam.

Naka,
Wani ɗan kasuwar albasa,
Mile 12, Legas.